Shekara Ta Zagayo Ina Matakin Silver, Shin Laifin Abokan Wasa Ne?

Wani matashi ya aiko da wasiƙa, ga ta a taƙaice:

"Assalamu alaikum, Yaya. Ina buga League of Legends a kwamfuta, kuma wasan neman mataki nake yi kusan kullum da dare, wani lokaci har ƙarfe biyu ko uku. Shekara ta zagayo ina Silver, ɗaya daga cikin ƙananan matakan wasan, in hau kaɗan in zamo. A yawancin wasanni ni ne na fi kowa kisa a ɓangarenmu, amma sai a haɗa ni da wanda zai fita ana tsakiyar wasa, ko wanda zai yi ta mutuwa har abokan hamayya su fi ƙarfinmu. Raina yana ɓaci sosai, har an taɓa hana ni rubuta saƙo na wani lokaci saboda zagi. Nakan sauya jarumi duk sanda na ga bidiyon da ya ce wane ne ya fi ƙarfi, amma babu abin da ya canza. Ina da amini da muke bugawa tare, bai kai ni iyawa ba, kwanan baya na gaya masa baƙar magana bayan an ci mu, tun daga ranar bai sake nema na ba. Yanzu ina tunanin in biya wani ƙwararre ya hau asusuna ya kai min shi Gold ko Platinum, matakan da ke gaba da Silver, in ci gaba daga can. Shin tsarin ne yake danne ni da gangan? Me zan yi?"

Wa alaikumus salam, ƙanena. Na karanta wasiƙarka da natsuwa, kuma ban ɗauki damuwarka da wasa ba, domin duk wanda ya zuba dare bayan dare a kan abu guda bai ga ya motsa ba, dole ransa ya sosu. Zan fara da tambayarka ta farko. Kamfanin Riot Games, wanda ya ƙirƙiri wasan, ya sha musanta cewa akwai wani shiri na haɗa mutum da raunana don a kayar da shi, amma ba sai ka dogara da maganarsu ba, lissafi kaɗai ya isa ya nuna maka cewa abokan wasan da kake kuka da su, duk da suna jawo maka asarar wasu wasannin da gaske, ba su ne suka riƙe ka shekara guda a wuri ɗaya ba.

A kowane wasa mutum goma ne, biyar nan biyar can. A ɓangarenka kai ne ɗaya, sauran huɗun na'ura ce ta zaɓo su, a ɗaya ɓangaren kuwa duka biyar ɗin ita ta zaɓo, kuma daga cikin taron mutanen da ta ɗebo naka huɗun. Mu ƙaddara, don misali kawai, cewa cikin kowane 'yan wasa goma akwai ɗaya da zai ɓata wasa, ko ya fita, ko ya yi fushi ya daina ƙoƙari. In har kai ba ka cikin masu ɓatawa, yiwuwar a samu irin wannan mutum cikin huɗunka kusan kashi 34 cikin 100 ce, yiwuwar a same shi cikin biyar ɗin can kuma kusan kashi 41 cikin 100. Ka sa duk lambar da ka ga dama a madadin ɗaya cikin goma, rinjayen zai ci gaba da zama naka, saboda huɗu ba su kai biyar ba. Abin da yake rufe wa mutum ido shi ne, wasan da abokinsa ya ɓata masa yana zama a ransa kwana da kwanaki, wanda ya ci saboda wani ya fita a can kuwa sai ya lissafa shi cikin ƙwarewarsa ya wuce. Sai dai ka kula da sharaɗin da na gindaya, cewa kai ba ka cikin masu ɓatawa. Mai zagin abokan wasansa har a toshe masa saƙo, a wannan daren shi ne mutumin da wasu huɗu suka kwanta suna kuka da shi. Laifi tudu ne, ka taka naka ka hango na wani.

Yana da kyau kuma ka san abin da matakin yake aunawa. Tushen irin wannan lissafi daga wasan dara na ces ya fito, inda Arpad Elo, malamin kimiyyar fiziks haifaffen Hangari da ya yi rayuwar aikinsa a Amurka, ya tsara hanyar ba kowane ɗan wasa lamba gwargwadon ƙarfin waɗanda ya ci da waɗanda suka ci shi, hukumar ces ta duniya kuma ta karɓi tsarin a 1970. A lissafinsa, wanda ya fi abokin karawarsa da maki 200 ana sa ran ya kwashe kusan kashi 76 cikin 100 na sakamakon karawarsu, wanda ya fi shi da 400 kuma kusan kashi 91. League of Legends ya fito a 2009, da farko yana nuna wa 'yan wasa irin wannan lamba a fili, sai a 2013 aka kawo tsarin matakai da rukunoni da ka sani, lambar ta koma ɓoye. Har yau ita ce take aiki a ƙarƙashi, da ita ake zaɓo waɗanda za a haɗa ka da su, ita ce kuma take yanke yawan makin da za a ba ka in ka ci da wanda za a cire in an ci ka. Aikinta shi ne ta kai kowa inda zai riƙa cin rabi ana cinsa rabi. Don haka wanda ya shekara yana hawa yana zamowa a wuri ɗaya, an auna shi ne aka ajiye shi cikin tsaransa, kuma ƙarin wasanni da irin hannun da yake da shi yau ba zai yi komai ba illa ya ƙara tabbatar wa na'urar cewa ta auna daidai.

Jerin faɗuwa da ke sa mutum ya yi zargin an haƙa masa rami ma abu ne da ake tsammani. Ɗan wasan da damarsa ta ci take rabi da rabi, in ya buga wasa 100, yiwuwar a ci shi sau biyar a jere aƙalla sau ɗaya ta kai kusan kashi 81 cikin 100, ba tare da kowa ya shirya masa komai ba. Wanda ya fi matakinsa iyawa ma ba kowane wasa yake ci ba. In yana cin 55 cikin 100 ya yi ƙoƙari ƙwarai, amma ka lura cewa an ci shi sau 45 ke nan, ribarsa duka wasa 10 ce. Idan kowace nasara tana kawo maki kamar 25, ya tashi da maki 250, wato rukuni biyu da rabi, tunda kowane rukuni maki 100 ne. Da irin wannan 'yar rata ake hawa, shi ya sa sakamakon dare ɗaya ba ya gaya maka komai game da iyawarka. Ka daina yanke wa kanka hukunci kan wasa uku ko biyar, ka riƙa duba wasa hamsin a dunƙule.

Yanzu mu koma kan abin da yake hannunka, in fara da maganar da ka fi alfahari da ita. Na yarda kai ne ka fi kowa kisa a ɓangarenku, amma da rushe cibiyar abokan hamayya ake cin wannan wasa, kisa kuwa hanya ɗaya ce daga cikin hanyoyin tara zinari da sayen lokaci, kuma ita ce mafi haɗari. A farkon wasa, duk daƙiƙa 30 ayarin ƙananan sojoji shida yana fitowa a kowane layi, wato hanyoyin da suka haɗa cibiyoyin ɓangarorin biyu, lokaci-lokaci da mai igwa a cikinsu, kowane ayari kuma yana ɗauke da zinari sama da 100 ga wanda ya iya yi musu bugun ƙarshe. Kisan jarumi a bisa asali zinari 300 ne. Ka ga ayari uku sun biya kisa ɗaya, su kuma ba sa gudu, ba sa kiran ɗan daji, wato ɗan wasan da ke yawo a dajin da ke tsakanin layuka, ya zagayo maka ta baya. Ƙwararrun da ke buga manyan gasa a layi sukan kashe sojoji takwas zuwa goma a kowane minti. Ka buɗe tarihin wasanninka ashirin na baya, ka raba yawan sojojin da ka kashe da mintocin kowane wasa. In ka samu kana ƙasa da shida, to kowane wasa kana barin zinarin kisa da yawa a ƙasa kana tafiya neman faɗa. Gyaran wannan ba ya buƙatar kowa: ka shiga filin atisaye na cikin wasan minti goma kafin ka fara, kai kaɗai da sojoji, har hannunka ya san daidai lokacin da bugu zai kashe. Akwai kuma wani abu da masu yawan kisa suke mantawa, wato wasan yana ɗora lada a kan wanda ya yi gaba, ta yadda mutuwarsa guda cikin ganganci takan miƙa wa abokan hamayya zinarin da zai dawo da su cikin wasa bayan sun riga sun fidda rai.

Wannan ya kawo mu kan mutuwa, kuma a ganina nan ne mafi yawan matakinka yake zubewa. Idan ka mutu, zinarin da ka ba abokin hamayya shi ne ƙaramin ɓangare na asarar. Ayarin sojojin da ya iso kana kwance ya tafi da zinarinsa da ƙwarewar ƙarin ƙarfi, hasumiyarka tana shan duka babu mai kare ta, in kuma wasa ya yi nisa, jiran farfaɗowa yakan kusan minti guda, wanda ya ishi mutum biyar su kashe Baron, babban dodon da ke ƙara wa ɓangaren da ya kashe shi ƙarfi, ko su shiga gida a kan mutum huɗu. Wasan yana ba ka damar sauke naɗin wasanninka na kusa daga tarihi, kuma ina roƙonka ka mai da wannan al'ada: bayan kowane zama, ka zaɓi wasa ɗaya, wanda aka ci ka ko wanda ka ci, ka je kan kowace mutuwa taka, ka koma baya daƙiƙa talatin ka tsayar. Kada ka kalli faɗan da kansa tukuna, domin yawanci kafin a fara harbi an riga an yi kuskuren. Ka duba ƙaramar taswira a wannan lokacin ka ƙirga abokan hamayya nawa ake gani, ka tambayi kanka ina ɗan dajinsu ya bayyana a ƙarshe, ko akwai fitilar tsaro, wadda ake dasawa don ta nuna masu wucewa, a hanyar da aka biyo maka, me kuma ya kai ka wurin da ka tsaya. In amsar ita ce mutum uku ba a ganinsu amma ka wuce tsakiyar layi kana bin wanda ya kusa mutuwa, ka rubuta hakan a jimla ɗaya cikin littafi. Har mutuwar da kake ganin abokinka ne ya jawo, ka tambaya ko akwai abin da ka gani da ya isa ya hana ka bin sa. Cikin mako biyu za ka ga jimla biyu ko uku ne suke ta maimaita kansu a shafin, kuma su ne aikinka. Aikin ba shi da daɗi, kallon kuskuren kai yana da nauyi a zuciya, amma minti goma sha biyar da za ka ba shi sun fi maka ƙarin wasa biyu amfani.

Akwai bincike sananne da Anders Ericsson, masanin halayyar ɗan Adam ɗan ƙasar Suwidin, ya wallafa tare da abokan aikinsa a 1993 kan ɗaliban goge a wata makarantar kiɗa da ke Berlin. Abin da suka jaddada shi ne bambanci tsakanin maimaita abin da mutum ya riga ya iya da atisayen da aka nufi wani rauni takamaimai da shi, ana duba sakamako ana gyarawa, kuma irin wannan atisaye yana cin hankali har ba a iya jure shi sa'o'i masu yawa a rana. Wasa bakwai a jere cikin dare, kana gama ɗaya kana danna na gaba, nau'in farko ne. Zafin nema ba ya kawo samu. Ka ɗauki abu ɗaya daga littafinka, misali cewa ba za ka ƙetare tsakiyar layi ba sai ka san inda ɗan daji yake, ka riƙe shi wasa goma ko ashirin, ka riƙa auna darenka da ko ka kiyaye shi, ko an ci ko ba a ci ba. Sai ya zama jiki sannan ka ɗauki na biyu. Da farko wasanka zai iya ɗan ja baya saboda hankalinka ya rabu, kada wannan ya sa ka saki.

Sauya jarumi da kake yi yana rushe duk wannan tun daga tushe. Jarumai sun haura 160, kamfanin kuma yana fitar da gyare-gyare kusan kowane mako biyu, saboda haka kullum za a samu sabon bidiyo da sabon suna a kai. Ratar ƙarfi da waɗannan gyare-gyare suke kawowa tana da muhimmanci a wurin waɗanda suka riga suka kusan daina kuskure, amma a Silver kuskuren hannu da na tunani ya ninka ta nesa ba kusa ba. Duk sanda ka ɗauki jarumin da ba ka saba da shi ba, hankalinka yana kan yatsunka, kana tuna wane maɓalli ne yake yin me da nisan da harbinka yake kaiwa, babu sauran ido da za ka ba taswira. Wanda ya buga jarumi ɗaya sau ɗari kuwa ya san wa zai iya kashewa idan jaruminsa ya kai matakin ƙarfi na shida a cikin wasa da wa zai guje wa, ya san lokacin da ƙarfinsa yake kaiwa da lokacin da ya kamata ya yi haƙuri. Ka zaɓi matsayi ɗaya da na biyu na ko-ta-kwana, jarumai biyu a na farko, ɗaya mai sauƙin sarrafawa a na biyu, ka tsaya a kansu har ƙarshen zangon neman mataki. In kana marmarin gwada sabo, akwai wasannin da ba na mataki ba.

Game da taswira, ka saba wa idonka ya leƙa ta tsakanin bugun soja da soja, ka kuma riƙa lura da agogon fitowar manyan dodanni, Dragon da Baron, tun da saura minti guda, domin ka tura ayarinka, ka koma gida ka sayi kaya, ka isa wurin kafin abokan hamayya. Bayan kowane faɗan da kuka ci, ka nemi abin da za a ɗauka nan take, hasumiya ko dodo, ka nuna shi da alama. 'Yan wasa a matakinka sukan bi alamar da aka nuna a kan lokaci fiye da doguwar magana, kuma wasanni da yawa ana rasa su ne saboda an ci faɗa aka watse kowa ya koma harkarsa.

Fushi kuwa ina so ka ɗauke shi a matsayin ɓangare na iyawa, kamar bugun soja. Mutumin da ransa ya ɓaci yana shiga faɗan da da hankalinsa kwance ba zai shiga ba, yana rubutu a lokacin da ya kamata yatsunsa su kasance kan wasa, wanda aka zaga kuma ba ya gyaruwa da zagi, sai dai ya ƙara rikicewa ko ya daina ƙoƙari gaba ɗaya, ka ga kai da hannunka ka mai da wasan huɗu da biyar. Shawarata ita ce ka kashe saƙonni daga saitin wasa na tsawon wata guda, ka bar alamomi kawai, wanda ya dame ka da alamar ma ka toshe shi. Babu wani bayani mai amfani da za ka rasa wanda alama ba za ta isar ba. Ka kafa wa kanka doka tun kafin ka zauna: wasa uku a zama, in an ci ka biyu a jere ka tashi, ko da kana jin na gaba naka ne, domin wannan jin shi ne alamar cewa ramuwa kake nema. Idan wani bai shigo ba tun farko, akwai ƙuri'ar soke wasa, ku yi amfani da ita. In ya fita a tsakiya, wasan yakan rage wa waɗanda suka tsaya asarar maki, kai kuma ka ƙarasa shi kana atisayen abin da ka sa a gaba. Ka tuna da Lee Sang-hyeok na Koriya ta Kudu, wanda duniya ta sani da Faker. Ya ci kofin duniya na wannan wasa a 2013 da 2015 da 2016, aka doke shi a wasan ƙarshe a 2017, aka sake doke shi a wasan ƙarshe a 2022, bai sake ɗaga kofin ba sai 2023, shekara bakwai bayan na baya. In wanda ake ganin babu kamarsa ya ɗauki faɗuwa irin wannan ya koma atisaye, faɗuwar dare ɗaya ba ta kai a zagi mutum a kanta ba.

Wasan ƙarfe biyu da uku na dare ma ka yanke shi. Baligi yana buƙatar barcin sa'a bakwai ko fiye, kuma rashin barci yana rage saurin martani da kaifin yanke shawara, su ne kuwa jarin wannan wasa. Ka duba tarihinka ka kwatanta wasannin farkon dare da na ƙarshensa, ina kyautata zaton za ka ga bambancin da idonka. Haka in intanet ɗinka yana yankewa ko jinkirinsa yana hawa da sauka, kada ka shiga wasan mataki a ranar, kuma in da hali ka haɗa kwamfutar da waya maimakon Wi-Fi, domin jinkirin da ya tsaya wuri ɗaya hannu yana sabawa da shi, mai tsalle-tsalle ne ba a sabawa da shi.

Batun biyan wani ya hau asusunka, ina hana ka shi da babbar murya. Dokokin Riot Games sun haramta shi, kuma hukuncin yakan kai ga dakatar da asusu da ƙwace kyaututtukan zango, ban da haɗarin miƙa kalmar sirrinka ga wanda ba ka sani ba. A Koriya ta Kudu abin ya kai ga majalisa, tun 2019 mai yin wannan sana'a don kuɗi yana iya fuskantar ɗaurin da ya kai shekara biyu ko tarar da ta kai won miliyan 20 na kuɗin ƙasar. Ko da babu wanda ya kama ka, ka yi tunanin ranar da za a dawo maka da asusun. Ɓoyayyar lambar ta hau tare da matakin, za a haɗa ka da mutanen da suke hukunta kowane taku na kuskure, kai ne za ka zama wanda yake ta mutuwa a layi, huɗu suna kallonka yadda kake kallon wasu a yau, na'urar kuma za ta yi ta rage ka har ta mai da kai inda hannunka yake. Kafin nan an zalunci duk waɗanda ƙwararren ya tattake a hanya, mutane irinka da suka zauna neman wasa da tsaransu. Abin da kake so a zuciyarka shi ne ka iya, kuma tambarin da wani ya ci maka ba zai gamsar da kai ba ko na dare ɗaya, tunda kai ka san yadda aka same shi.

Akwai abin da ba ka tambaya ba amma ba zan tsallake shi ba. A 2019 Hukumar Lafiya ta Duniya ta amince da sanya matsalar kamuwa da wasannin kwamfuta cikin kundinta na cututtuka, wanda ya fara aiki a 2022. Alamomin da ta ambata su ne mutum ya kasa iko da lokacin da yake ba wasa, ya fifita shi a kan sauran al'amuran rayuwarsa, ya kuma ci gaba duk da cutarwar da yake gani, a bisa al'ada na tsawon wata 12, har abin ya taɓa karatu ko aiki ko zamansa da mutane sosai. Mafi yawan masu wasa ba su kai nan ba, ni ma ba cewa nake ka kai ba. Amma barcinka ya taɓu, abota ta taɓu, don haka dokar wasa uku da na ba ka gwaji ce kuma. In ka kafa ta ka ga mako bayan mako kana karya ta ba da sonka ba, ka gaya wa wani babba da ka yarda da shi, ko ka ga likita.

Amininka kuma kai ne za ka neme shi, kuma yau ya fi gobe. Ka kira shi da bakinka, ka ce ka yi kuskure kan abin da ka faɗa, kada ka haɗa ban haƙurin da bayanin yadda shi ma ya yi kuskure a wasan, domin da zarar ka ce "amma" ka janye abin da ka bayar. Mai yiwuwa shi zaman tare da kai yake nema a wasan, kai kuma maki kake nema, kuka shiga da niyya biyu ba ku taɓa faɗa wa juna ba. Ku raba abin gida biyu: wasan mataki ka buga shi kai kaɗai a lokacin da ka ware masa, da shi kuma ku buga ARAM, wasan nishaɗi na layi ɗaya, ko wasannin da babu maki a kansu, inda mutuwarsa ba za ta ci maka komai ba. In daga baya shi da kansa ya ce yana so ku nemi mataki tare, ku yi yarjejeniya tun kafin ku shiga cewa ba a maganar kuskure sai wasa ya ƙare, in an zo dubawa kuma kowa da mutuwarsa zai fara.